Daga Aji Zuwa Kotu: Tarihin Taƙaddamar Matakin Albashin Malaman Kwalejojin Ilimi a Ƙasar Gana

Gabatarwa

A ranar 2 ga watan Mayu na shekarar 2023, Hukumar Ƙwadago ta Ƙasar Gana ta yanke hukunci a kan wata taƙaddama da ta daɗe tana ci tsakanin gwamnati da malaman kwalejojin ilimi na ƙasar. Hukuncin ya ba malaman gaskiya a muhimman wurare biyu. Na farko, a biya kowane malami albashin wata guda a matsayin ladan ƙarin aikin da ya yi a shekarar 2022. Na biyu, a riƙa biyan waɗanda suka cancanta daga cikinsu irin alawus-alawus ɗin da ake biyan malaman jami'o'in gwamnati. Bisa tanadin doka, irin wannan hukunci yana hawa kan kowane ɓangare, don haka nan ya kamata a ce magana ta mutu. Amma ba a yi wata uku cur ba sai ga malaman sun ajiye alli, suna neman a aiwatar da abin da aka riga aka yanke. Haka suka sake yi a shekarar 2024, suka kuma maimaita a 2025.

Wannan muƙala ta bi diddigin yadda aka kai ga wannan hali. Ta waiwayi asalin kwalejojin, da tarihin tsarin albashin ma'aikatan gwamnati a Gana, da dokar da ta shata hanyar warware rikicin ƙwadago, sannan ta dubi dalilin da ya sa samun nasara a gaban alƙalai bai zama daidai da ganin kuɗi a aljihu ba.

Asalin Kwalejojin Horar da Malamai

Horar da malamai a Gana ya girmi ita kanta gwamnatin ƙasar. 'Yan mishan na Basel ne suka buɗe makarantar farko ta wannan fanni a garin Akropong a shekarar 1848, domin samar da masu koyarwa da masu wa'azi. Gwamnatin mulkin mallaka ta Gwalkwas ba ta buɗe tata ba sai a 1909, a birnin Akra, wanda Hausawa suka fi sani da Ankara. Kwalejin Wesley ta zauna a Kumasi a 1924. Arewacin ƙasar kuwa, inda Turawa suka yi wa ilimin zamani riƙon sakainar kashi, sai a 1944 ya sami tasa a Tamale, wadda a yau ake kira Kwalejin Bagabaga. Bayan da Kwame Nkrumah ya karɓi ragamar harkokin gwamnati a 1951, shirinsa na gaggauta bunƙasa ilimi ya sa makarantun firamare suka yawaita, buƙatar malamai ta ƙaru, kwalejojin ma suka yaɗu zuwa sassa daban-daban.

Abin lura a nan shi ne matsayin da waɗannan makarantu suka riƙe a tsawon wannan zamani. Ba a ɗauke su a matsayin manyan makarantu irin jami'a ba. Takardar shaidar malanta kawai suke bayarwa, kuma suna ƙarƙashin Hukumar Ilimi ta Gana, wato hukumar da ke kula da firamare da sakandare. Malamin kwaleji ma'aikacin wannan hukuma ne, matakan girmansa da albashinsa iri ɗaya ne da na takwaransa da ke koyarwa a sakandare. Ana iya ɗauko malami daga sakandare a kai shi kwaleji, ko a mayar da shi, ba tare da wani abu ya sauya a takardar albashinsa ba. Hatta laƙabinsa daban yake: shi tiyuta ake ce masa, lakcara kuwa sai na jami'a. Wannan bambanci na laƙabi, wanda a da ba wanda ya damu da shi, shi ne daga baya ya zama ƙashin bayan rigima.

Tarihin Tsarin Albashin Gwamnati

Tun zamanin Turawa, gyaran albashi a Gana ya kasance aikin kwamitoci. An yi kwamitin Harragin a tsakiyar shekarun 1940, wanda ya duba aikin gwamnati a ƙasashen Afirka ta Yamma da ke hannun Ingila, aka yi na Lidbury a 1951, sannan bayan samun 'yanci aka yi na Mills-Odoi a 1967. Kowane kwamiti yakan zo ya ɗinke wata ɓaraka, amma kafin a jima wata ta ɓulla, domin kowace ƙungiyar ma'aikata mai ƙarfi takan matsa har ta samo wa mambobinta wani keɓaɓɓen tsari. A shekarar 1999 aka gwada shigar da kowa cikin tsari guda, bayan wani nazari da kamfanin Price Waterhouse ya gudanar. Gwajin bai kai labari ba, saboda babu dokar da ta tilasta shi, hukumomi da dama suka zame suka ci gaba da nasu. Sakamakon haka, sai a sami mutum biyu masu takardu iri ɗaya, masu aiki iri ɗaya, amma albashin ɗaya ya ninka na ɗaya, don kawai ma'aikatunsu sun bambanta. Wannan kuwa ya saɓa wa sashe na 24 na kundin tsarin mulkin 1992, wanda ya tanadi lada iri ɗaya ga aiki iri ɗaya.

Domin magance haka, gwamnatin John Kufuor ta kafa Hukumar Daidaita Albashi ta hanyar doka mai lamba 737 a shekarar 2007. Gwamnatin John Atta Mills da ta biyo baya ta fitar da farar takarda a ƙarshen 2009, aka kuma ɗauki watan Janairun 2010 a matsayin mafarin sabon tsarin albashi na bai-ɗaya. Sunan da aka raɗa masa yana nufin ƙashin baya guda, wato tsani ɗaya mai matakai 25 wanda kowane ma'aikacin gwamnati zai sami gurbinsa a kai, in ban da manyan masu riƙe da muƙaman da sashe na 71 na kundin tsarin mulki ya keɓe. Ana auna kowane aiki ne da abubuwa huɗu: ilimi da ƙwarewar da yake buƙata, nauyin da ke wuyan mai yin sa, wahalar da ke cikinsa, da yanayin wurin da ake yin sa. Makin da aiki ya samu shi ke nuna matakin da za a ɗora shi.

Tsarin ya zo da wata ƙofa guda da aka bari a buɗe, wato ƙarin kuɗi na musamman ga masu ƙwarewar da ta yi ƙaranci a kasuwar aiki, domin kada su gudu zuwa kamfanoni ko ƙasashen waje. Kafin a kammala binciken da zai tantance waɗanda suka cancanci wannan ƙari, sai aka fara biyan wasu rukunoni na wucin gadi. Malaman jami'a sun sami kashi 114 cikin ɗari na tushen albashinsu. Nan da nan kowace ƙungiya ta ɗaga hannu tana neman nata. Kafin shekarar 2013, albashi ya lashe fiye da rabin kuɗin harajin da gwamnati ke tarawa, lamarin da ya sa aka kira babban taro a garin Ho a wannan shekara domin duba ko tsarin zai ɗore. Daga nan gwamnati ta fara ɗaure bakin jaka, ta daskarar da wancan ƙari a kan adadin da yake, ta daina barin sa yana hawa tare da albashi. A daidai wannan lokaci na tsuke aljihu ne malaman kwalejojin ilimi suka iso bakin ƙofa da tasu buƙatar.

Dokar Ƙwadago da Hanyoyin Warware Rikici

Ba za a fahimci shari'o'in da suka biyo baya ba sai an san dokar ƙwadago mai lamba 651 ta shekarar 2003. Ita ce ta kafa Hukumar Ƙwadago ta Ƙasa, mai mambobi bakwai: shugaba guda, da wakilai bibbiyu daga gwamnati, da masu ɗaukar ma'aikata, da ƙungiyoyin ƙwadago. Dokar ta jera matakan da za a bi idan saɓani ya taso. Da farko ɓangarorin su zauna su tattauna. In abin ya ci tura, a sa mai shiga tsakani. In ya gaza, a je ga sasanci bisa yardar juna. Ba a yarda ƙungiya ta tafi yajin aiki ba sai ta ba da sanarwar kwana bakwai, kuma haramun ne a yi yaji alhali ana cikin ɗaya daga waɗancan matakai. Wanda ya shiga haramtaccen yaji yana iya rasa albashin kwanakin da bai yi aiki ba.

Idan yaji ya ƙi ƙarewa, hukumar na da ikon kai maganar ga sasanci na dole, inda mambobinta uku, ɗaya daga kowane ɓangare, za su saurari hujjoji su yanke hukunci. Wannan hukunci yankakke ne, ba a ƙalubalantarsa sai a Kotun Ɗaukaka Ƙara, a kan batun fassarar doka kaɗai, cikin kwana bakwai da wallafa shi. Sai dai akwai wani gurbi a sashe na 172. Hukumar ba ta da ikon tilasta wa kowa bin umarninta da kanta. Idan wani ya ƙi bi, sai ta garzaya Babbar Kotu ta roƙi a tilasta masa. A nan ta bambanta da Kotun Ma'aikata ta Nijeriya, wadda gyaran kundin tsarin mulki na 2010 ya ɗaga ta zuwa sahun manyan kotuna masu cikakken iko. Ta Gana hukuma ce mai yanke hukunci, amma sandar duka tana hannun wani.

Sauyin Matsayi Ba Tare da Sauyin Albashi ba

A shekarar 2002, kwamitin nazarin ilimi ƙarƙashin jagorancin Farfesa Jophus Anamuah-Mensah ya ba da shawarar a ɗaga darajar makarantun horar da malamai. Daga 2004 suka fara karatun difloma a ƙarƙashin kulawar Jami'ar Cape Coast. A 2008 aka sauya wa guda 38 suna zuwa kwalejojin ilimi, sannan a 2012 majalisa ta zartar da doka mai lamba 847 wadda ta tabbatar musu da matsayin manyan makarantu, ta fitar da su daga hannun Hukumar Ilimi ta Gana zuwa hannun majalisar da ke kula da ilimi mai zurfi. Daga baya gwamnati ta karɓi wasu kwalejoji masu zaman kansu, ciki har da Al-Faruq da ke Wenchi, wadda Musulmi suka kafa, adadin ya kai 46.

Sabon matsayi ya zo da sabon nauyi. An wajabta wa malamin kwaleji ya mallaki digiri na biyu mai ɗauke da bincike, kuma ƙarin girmansa ya ta'allaƙa ga rubuce-rubucen da ya wallafa, kamar dai yadda ake yi a jami'a. Malamai da yawa sun koma karatu da kuɗin aljihunsu domin kada a bar su a baya. Amma takardar albashi ba ta yi saurin da doka ta yi ba. Shekara huɗu bayan zartar da dokar, wato a 2016, sai da ƙungiyarsu mai suna CETAG ta shiga yajin aiki a kan jinkirin mayar da mambobinta bisa tsarin albashin manyan makarantu. A ganin malaman, an sauya wa tuwo suna ne kawai, an ƙara musu kaya ba a ƙara musu guzuri ba.

A watan Oktoba na 2018 aka sake ɗaga kwalejojin mataki guda, suka fara karatun digiri na shekara huɗu a fannin ilimi. An rarraba su a ƙarƙashin jami'o'in gwamnati biyar: ta Cape Coast, da ta Winneba, da ta Legon, da ta Kwame Nkrumah da ke Kumasi, da ta Nazarin Raya Ƙasa da ke Tamale. Daga wannan rana hujjar malaman ta ƙara kauri. Ɗalibin da suke koyarwa digiri zai karɓa, mai ɗauke da tambarin jami'a. To, bisa wane dalili mai koyar da shi zai zauna a matakin da ke ƙasa da na lakcara?

Rikicin 2018

A ƙarshen watan Oktoban 2018, daidai lokacin da ake buɗe sabon karatun digiri, CETAG ta tafi yaji a kan abubuwa biyu: ƙarin kuɗin nan na masu ƙwarewa, da alawus na littattafai da bincike wanda malaman jami'a suka daɗe suna karɓa. Gwamnati, a zamanin da Matthew Opoku Prempeh ke ministan ilimi, ta tsaya a kan cewa yajin ya saɓa wa doka tun da ba a rufe tattaunawa ba. Bayan an shafe kwana 21 ba karatu, aka ba da umarnin rufe dukkan kwalejojin 46, ɗalibai suka tattara komatsansu suka nufi gida, aka kuma riƙe albashin malaman na watan Nuwamba. Maganar ta kai ga sashen ƙwadago na Babbar Kotu a Akra, ta kuma ƙare da komawar ɓangarorin teburin shawara bayan kusan wata guda.

Wannan rikici ya shata salon da duk na bayansa suka bi. Ƙungiya takan ce an gaji da jan ƙafa, ta ajiye aiki. Hukumar Ƙwadago takan ce a koma aji tukuna kafin a saurari kuka. Gwamnati takan taɓa albashi. Daga ƙarshe a sa hannu a wata takardar fahimtar juna, wadda rashin cika ta kan zama sanadin yaji na gaba.

Abin da Ya Faru ga Takwarorinsu

Malaman kwalejojin ilimi ba su kaɗai suka bi wannan turba ba. Doka mai lamba 922 ta 2016 ta buɗe hanyar mayar da kwalejojin kimiyya da fasaha na ƙasar, waɗanda yawansu goma ne, zuwa jami'o'in fasaha. Shida suka fara hayewa, sauran suka biyo baya daki-daki. Su ma malamansu sai suka tarar an kira su malaman jami'a a takarda, amma alawus ɗinsu na nan yadda yake. A watan Oktoban 2019 ƙungiyarsu ta TUTAG ta yi yaji a kan a ɗora su bisa tsarin albashin jami'o'in gwamnati, aka kuma bi ta hanyar tantance takardun kowane malami kafin a ba shi gurbi. Wannan ya zama abin misali da CETAG ta riƙa nuni da shi.

Su kansu malaman tsofaffin jami'o'in ba su tsira ba. A ranar 10 ga Janairu, 2022, ƙungiyarsu ta UTAG ta shiga yaji tana neman a dawo da darajar ƙarin kashi 114 da aka daskarar. Hukumar Ƙwadago ta ce yajin haramtacce ne, ta kai ƙara, kuma a tsakiyar watan Fabrairu Babbar Kotu ta ba da umarnin wucin gadi na a koma aiki. Darasin da kowa ya ɗauka shi ne, idan ƙarar ta shafi dakatar da yaji, ƙafar shari'a tana da sauri.

Hukuncin 2023 da Abin da Ya Biyo Baya

Karatun digiri ya ƙara wa kwalejojin aji guda, alhali ɗakunan kwana da na karatu an gina su ne domin rukuni uku na ɗalibai. Ga kuma cikas ɗin da annobar korona ta kawo wa kalandar karatu. Mafitar da aka samu ita ce a riƙa karɓar ɗalibai bi da bi, wasu na hutu wasu na aji. Ɗalibi yana samun hutunsa, amma malami ba ya samu, domin da wani rukuni ya fita wani ke shigowa. Haka malaman suka yi aiki a shekarar 2022 ba tare da hutun da sharuɗɗan aikinsu suka tanada ba. A wannan shekara ce kuma tattalin arzikin Gana ya durƙushe. Hauhawar farashi ta kai kashi 54.1 cikin ɗari a watan Disamba, darajar sidi ta zube, gwamnati ta dakatar da biyan yawancin basussukanta na waje. Ƙarin kashi 30 da aka yi wa tushen albashi a 2023 bai cike giɓin ba.

A cikin wannan yanayi CETAG ta yi yaji a watan Nuwamban 2022, ta sake yi a Janairun 2023, har Hukumar Ƙwadago ta kai batun ga sasanci na dole, wanda ya haifar da hukuncin 2 ga Mayu. Makonni kaɗan bayan haka, a cikin watan na Mayu, Asusun Ba da Lamuni na Duniya ya amince wa Gana da rancen dala biliyan 3, bisa sharuɗɗan da suka haɗa da taƙaita kashe kuɗi. Wato hukunci ya faɗo ne a lokacin da baitulmali ke cikin ƙangi.

Da aka ga shiru, malaman suka ajiye aiki a ranar 1 ga Agusta, 2023, gwamnati ta mayar da martani da riƙe albashin watan. A ranar 14 ga Yuni, 2024, suka sake fita, ƙarƙashin shugabansu Prince Obeng-Himah, wannan karon na fiye da wata biyu. A nan ne aka ga wani abu mai kama da almara. Hukumar Ƙwadago ta nufi Babbar Kotu da buƙatu biyu masu fuskantar juna: ɗaya ta neman a tilasta wa gwamnati bin hukuncin da ta yanke, ɗaya kuma ta neman a hana malaman yajin da suke yi domin a bi wannan hukunci. Umarnin hana yaji ya fito ba da jimawa ba. Hukumar Kula da Ilimi Mai Zurfi, wadda doka mai lamba 1023 ta 2020 ta kafa, ta rubuta wa ofishin Akanta Janar cewa a tsayar da albashin watan Yuli. Malaman suka ƙara ƙeƙasa ƙasa, suka janye hatta ayyukan da a da suke yi a lokacin yaji. Sai a watan Agusta aka cimma wata yarjejeniya mai ɗauke da jadawalin mayar da su bisa matakan jami'a, sannan aka koma aji.

Ko da aka fara wannan ƙaura, wata sabuwar ƙura ta tashi. Tsanin kwaleji yana da nasa matakai, daga mataimakin tiyuta har zuwa babban tiyuta, kuma mutum yana hawansu ne da shekarun aiki da digiri na biyu. Tsanin jami'a kuwa ya fi karkata ga digiri na uku da yawan wallafe-wallafe. Da aka zo ɗora wannan a kan wancan, wasu da suka kai ƙololuwa a tsohon tsari suka tsinci kansu a ƙananan matakai na sabo. Ƙungiyar ta kira wannan rage daraja, hukumomi kuwa suka ce ƙa'idar jami'a ce, ba za a sassauta ta domin wani ba. Wannan batu, tare da bashin albashin wata gudan nan na 2022 da na alawus ɗin bincike, shi ya sake fitar da malaman a farkon 2025, sannan a ƙarshenta bayan mulki ya koma hannun John Mahama. Sauyin gwamnati bai sauya rigimar ba.

Abubuwan da ke Ƙarƙashin Taƙaddamar

Idan aka tattara wannan tarihi, abubuwa uku ne suke fitowa fili. Na farko shi ne saɓanin fassara a kan ma'anar aiki iri ɗaya. Malaman suna auna aiki da abin da ake yi a aji da kuma takardar da ɗalibi zai fita da ita. Gwamnati tana auna shi da takardun malamin da matsayin makarantar, tana mai cewa kwaleji reshe ce da ke ƙarƙashin jami'a, ba jami'a ba ce. Shi kansa hukuncin 2023 bai rufe wannan ƙofa ba, domin ya taƙaita haƙƙin ga waɗanda suka cancanta, ya bar tantance cancantar a hannun hukumomin da ake ƙara. Kowane ɓangare yana da abin kamawa a cikinsa.

Na biyu shi ne rarrabuwar iko a ɓangaren gwamnati. Hukumar Daidaita Albashi ce ke tattaunawa, Hukumar Kula da Ilimi Mai Zurfi ke tantance malamai, Ma'aikatar Kuɗi ke ba da izinin kashewa, ofishin Akanta Janar ke biya. Wanda ya sa hannu a yarjejeniya ba shi ke riƙe da mabuɗin taska ba. Don haka alƙawari yana iya maƙalewa a kowane ɗaya daga cikin waɗannan ofisoshi, kowa yana nuna ɗan'uwansa da yatsa.

Na uku, wanda ya fi sauran nauyi, shi ne rashin daidaiton makamai. Idan malami ya saɓa wa doka, wasiƙa guda ta isa a tsayar da albashinsa kafin ƙarshen wata. Idan gwamnati ce ta ƙi bin hukunci, sai an shigar da ƙara, a jira rana, a sha ɗage zama, kuma ko an yi nasara sai kuɗin ya sami gurbi a kasafi. Dokar 2003 an yi ta ne domin a rage yaji, amma da yake hukuncin da ake samu ta hanyarta ba ya aiwatar da kansa, sai ta koya wa ƙungiyoyi cewa yaji ne kaɗai harshen da ake ji. Wannan kuwa ya rage wa Hukumar Ƙwadago kwarjini a idon ɓangarorin biyu.

Waɗanda suka fi ɗanɗana kuɗar lamarin su ne ɗaliban, waɗanda akasarinsu 'ya'yan talakawa ne da suka zaɓi kwaleji saboda sauƙin kuɗi da ɗan alawus ɗin da gwamnati ke ba su. Kowane yaji yana ja musu ranar kammalawa baya, yana kuma jinkirta isar sababbin malamai makarantun firamare. Wannan jinkiri ya fi ciwo a karkara da arewacin ƙasar, inda kwalejoji irin su Bagabaga da Gambaga da Gbewaa da ke Pusiga suke ciyar da makarantun da tun asali malamai ba su ishe su ba, da kuma unguwannin zango na manyan birane, inda iyaye da yawa ba su da halin kai 'ya'yansu makarantun kuɗi.

Kammalawa

Tarihin wannan taƙaddama ya nuna cewa ɗaga darajar makaranta a takardar doka abu ne mai sauƙi, biyan kuɗin da ke tattare da darajar shi ne aiki. Gana ta ɗauki shekara goma sha huɗu, daga 2004 zuwa 2018, ta kai kwalejojinta daga takardar shaidar malanta zuwa digiri, amma ba ta haɗa wannan tafiya da tsayayyen lissafin inda malamansu za su zauna a tsanin albashi ba. Giɓin da aka bari shi ne aka yi ta cikewa da yaji da ƙararraki da takardun fahimtar juna. Hausawa na cewa alƙawari kaya ne. Hukuncin 2 ga Mayu, 2023 kaya ne da doka ta ɗora wa gwamnati, kuma muddin sauke shi ya dogara ga ganin damar wanda aka ɗora wa, to malaman kwalejojin nan 46 za su ci gaba da kai-kawo tsakanin aji da harabar kotu.